HUNKUYI: TARIHIN GARI A INUWAR BIRNI

Gabatarwa

A zangon karatun da ya wuce malaminmu na darasin al'adu ya ba mu aikin gida, ya ce kowa ya rubuto tarihin garinsu cikin shafi biyar. 'Yan Kano da 'yan Katsina da 'yan birnin Zariya suka fita aji suna murna, domin su damuwarsu ita ce yadda za su taƙaita. Ni kuwa da na ce daga Hunkuyi nake, sai wani abokina ɗan birni ya kwashe da dariya, ya ce, "Kai ai naka mai sauƙi ne. Rubuta cewa gari ne da ake tsayawa a sayi tumatir da rake, ka sa aya." Na san wasa yake yi, amma maganar ta tsaya mini a rai. Na shiga laburare na yi kwana uku ina bin littattafan tarihin Zazzau. Duk inda na ci karo da sunan garinmu ko na maƙwabtansa, a tsakiyar labarin wasu na same shi: runduna ta bi ta nan, hanya ta ratsa ta nan, haraji ya fito daga nan.

Maƙasudin wannan maƙala shi ne in nuna wa mai karatu cewa tarihin Hunkuyi tarihin gari ne da ya zauna kusa da babban birni yana ciyar da shi, alhali wasu ne ke yanka wa amfanin gonarsa kuɗi, wasu ne kuma ke rubuta labarinsa. Daga wannan zama ne halin mutanen garin ya samo asali, mai kyau da maras kyau. Na dogara da abin da na karanta, da abin da na gani da idona, da kuma hirar da na yi da kakana, Allah ya jiƙansa.

Inda Garin Yake

Hunkuyi tana arewa da Zariya, tafiyar kimanin kilomita 20, a kan hanyar da ta wuce Ɗanja ta nufi Kafur cikin Jihar Katsina. Ita ce hedikwatar Ƙaramar Hukumar Kudan ta Jihar Kaduna. Wannan ƙaramar hukuma ba ta da girma, faɗinta kimanin murabba'in kilomita 400 ne, kuma a ƙidayar 2006 an sami kusan mutum 139,000 a cikinta. Daga cikin garuruwanta akwai Kudan da Likoro da Doka da Zabi da Garu da Taban Sani da Kauran Wali. Makarfi tana gabas da mu, Giwa tana yamma, Sabon Garin Zariya yana kudu, sa'an nan ta arewa muna iyaka da ƙasar Katsina da ta Kano.

Wanda ya dubi wannan shimfiɗa zai lura da abu biyu. Na farko, muna bakin iyakar ƙasashe uku na Hausa Bakwai, wato Zazzau da Katsina da Kano. Na biyu, ƙasar tudu ce mai jan ƙasa, amma rafuka sun tsattsaga ta, kuma kowane rafi yana da fadamarsa mai baƙar ƙasa da ke riƙe laima har cikin rani. Hanya da fadama: duk abin da zan faɗa a gaba, a kan waɗannan biyu ya rataya.

Zamanin Sarakunan Haɓe

Masana tarihi sun nuna cewa kafin sarauta ta tabbata a birnin Zariya ta zauna a wasu wurare, kamar Turunku da gindin dutsen Kufena, kuma ana danganta kafa birnin na yanzu da zamanin Bakwa Turunku a ƙarni na 16. Kudancin Zazzau shi ne fagen yaƙi da neman bayi. Arewacinta kuwa, inda muke, shi ne ƙasar noma da saƙa da rini, shi ne kuma ƙofar da fatake ke bi tsakanin Zariya da Kano da Katsina. Ayarin jakuna da takarkarai ba ya iya doguwar tafiya a yini, saboda haka garuruwan da ke tazarar yini guda daga birni suka zama zango. Inda ayari ya sauka kuwa, nan mai tuwo da mai ciyawa da maƙeri da dillali ke samun abin yi.

Zaman cikin ganuwa aka san mutanen tsofaffin garuruwan wannan yanki da shi. Da safe a buɗe ƙofa a fita gona, da magariba a koro dabbobi a rufe. Har yau sunayen wurare suna ba da shaida. Ba a cewa Sabon Garin Hunkuyi sai don akwai tsohon gari, kuma mutane ba su yarda su gina gida a fili ba sai da tsoron hari ya kau.

Ta fuskar mulki, mai gari ba shi da ta cewa sai abin da ya zo daga birni. Kowane gari yana ƙarƙashin wani basarake da ke zaune a Zariya, shi kuma yana aiko jakadansa ya karɓi haraji. Wannan tsari ya ci gaba har bayan jihadi. Baturen nan matafiyi, Barth, wanda ya sauka Kano cikin 1851, ya ba da labarin cewa a ƙasar Zazzau a kan kowace garma ake ɗora haraji. Ban da wannan akwai zakkar hatsi, da kuɗin rafi a kan masu lambu, da kuɗin karofi a kan marina, da jangali a kan masu shanu. Ashe ke nan tun wancan zamani an san fadama dukiya ce, tun da har an keɓe mata harajinta.

Jihadi Ya Bi Ta Ƙofarmu

Wurin da yankinmu ya fi fitowa fili a littattafai shi ne labarin jihadi. Sarkin Zazzau Isiyaku Jatau ya karɓi kiran Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, amma ɗansa Muhammadu Makau da ya gaje shi bai bi sawunsa ba. Malam Musa Bamalli ya karɓo tuta, ya haɗu da Yamusa na gidan Barebari, suka nufo Zazzau ta arewa. Marubuta tarihin Zazzau sun ambaci arangama a wannan yanki namu na Kudan da Hunkuyi kafin rundunar ta isa birni. A ƙarshen 1808 Zariya ta faɗa hannunsu. Makau ya yi kudu da jama'arsa har Zuba, kuma ɗan'uwansa Abu Ja ne ya kafa Abuja cikin 1828, wato garin da yanzu ake kira Suleja.

Abin lura a nan shi ne yadda ake ba da labarin. Ana faɗin wanda ya riƙe tuta, da wanda ya gudu, da gidaje huɗu da suka riƙa karɓa-karɓar sarauta daga baya: Mallawa da Barebari da Katsinawa da Sulluɓawa. To, amma runduna ba ta tafiya da yunwa. Wani ne ya ba dawakinta harawa, rumbun wani aka buɗe, gonar wani aka tattake. Waɗannan mutane su ne kakanninmu, kuma labarin ya wuce ta kansu kamar yadda rundunar ta wuce.

Ƙarshen ƙarni na 19 bai zo wa talakan Zazzau da sauƙi ba. Ningawa suna kawo hari daga gabas, Ibrahim Nagwamatse na Kwantagora yana kawowa daga yamma. Mai son ya ji yadda mutanen karkara suka ɗanɗana wannan zamani sai ya nemi labarin Baba ta Karo, tsohuwar da Mary Smith ta zauna da ita a Giwa, maƙwabciyarmu, cikin 1949 da 1950, aka buga littafin cikin 1954. A bakin wannan tsohuwa ne aka ji yadda ake sace mata a hanyar gona, da yadda dangi ke tara kuɗin fansa. Da ba a sami mai zama da ita da alƙalami ba, da duk ya bi ta kabari, domin ba ta daɗe ba bayan hirar ta rasu.

Zuwan Turawa

Matsin Nagwamatse ne ya sa Sarki Kwasau ya nemi taimakon Turawan Ingila, suka shigo Zariya cikin 1902. Ba a jima ba suka tuɓe shi, suka naɗa Aliyu Ɗan Sidi cikin 1903. Canji na farko da ƙauye ya gani shi ne na gunduma. Turawa suka yanka ƙasa gunduma-gunduma, suka fitar da hakimai daga birni, kowa ya je ya zauna cikin talakawansa. Jakada ya kau, malamin haraji ya zo da takarda da rasit. Haraji kuma ya tashi daga wuri da dami ya koma kuɗin Bature, sule da sisi. Wannan ƙaramin canji ne a ido, amma shi ya juya noma gaba ɗaya, domin wanda zai biya da sule dole ya shuka abin da mai sule ke saye.

Abin da mai sule ke so kuwa auduga ce da gyaɗa. Hanyar jirgin ƙasa ta ratsa Zariya ta isa Kano cikin 1911, kamfanin auduga na Ingila ya kafa injin gurza a Zariya, aka kawo irin auduga na Amurka ya maye gurbin na gargajiya. Daga baya aka ja wani layin dogo daga Zariya ta Funtuwa da Gusau, ya kai Ƙauran Namoda cikin 1929. Ayarin jakuna ya ragu, zango ya mutu, masaƙa da marina suka fara ja da baya saboda yadin kanti. A wannan zamani ne kuma aka yi yunwar 1914 da ake kira Kakalaba, wadda ta kwararo mutanen arewa zuwa ƙasar Zazzau neman abinci.

Kakana ya riski ƙarshen wannan zamani yana yaro, lokacin Sarki Ja'afaru, wanda ya yi sarauta daga 1937 zuwa 1959. Ranar da na je masa da littafin rubutu, sai ya dube ni ya yi murmushi, ya ce, "Kai ɗan boko, me kuma ka zo tuhumata da shi?" Na ce, "Baba Tsoho, tarihin gari nake nema." Ya ce, "Ku tarihinku sarki ya hau, sarki ya sauka. Mu namu shekarar fara, shekarar fari, da shekarar da auduga ta yi kuɗi." Daga nan ya shiga ba ni labarin fuloti, wato kasuwar auduga: yadda mutum zai yi dakon buhunsa tun asuba, ya bi layi, malamin duba ya tsoma hannu ya ce lamba ɗaya ce ko lamba biyu, akawu ya ɗora a sikeli ya faɗi nauyi. Ya ce, "Sikelin yana gabanka, amma ba ka iya karanta shi ba. Abin da ya faɗa shi ne. Kana karɓar kuɗin, dogari da mai unguwa suna gefe suna jiran na haraji." Farashi kuwa Hukumar Ciniki ce ke yanke shi tun kafin kaka, manomi sai dai ya ji a bakin sanƙira.

Haraji da jangali ba su kau ba sai cikin 1979, da Gwamna Abdulƙadir Balarabe Musa ya soke su a Jihar Kaduna. Hukumomin ciniki kuma aka rushe su cikin 1986. Auduga ta yi ta ja da baya, har masaƙun Kaduna da ke sayenta suka rurrufe. Babbar cikinsu ta farko, wadda aka buɗe cikin 1957, ta tsaya cikin 2002.

Fadama, Uwar Gari

Da a ce auduga kaɗai garin ya dogara da ita, da ya bi ta. Abin da ya riƙe Hunkuyi da maƙwabtanta shi ne fadama. Rake tsohon amfani ne a nan, kuma ƙasar Makarfi da Kudan ta yi suna da shi a duk Arewa. A lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, da sukarin kanti ya yi wuya, aka yawaita injinan matse rake waɗanda doki ke juyawa, sana'ar mazarƙwaila ta kafu. Aikin na hunturu ne. Doki yana kewayawa, yaro yana tura rake cikin bakin inji, ruwan yana tsiyaya. A zuba shi a babban kasko a yi ta dafawa, busasshen ɓawon raken da aka matse shi ne makamashi. Idan ya yi kauri a zuzzuba a ƙananan kwanoni ya daskare. Kakana ya ce da ƙuruciyarsa mutum yakan gane ya kusa gida tun daga nesa, saboda ƙanshin da iska ke kawowa.

Masana ma sun zo sun koyi wani abu a gonakin nan. Cikin 1966 da 1967 wani masanin tattalin arziki, David Norman, na Cibiyar Binciken Aikin Gona ta Samaru, ya bi manoman ƙauyuka uku na ƙasar Zazzau, wato Hanwa da Ɗan Mahawayi da Doka ta kan hanyar Kano, yana rubuta aikinsu da abin da suka samu. A wancan lokaci malaman gona suna ganin haɗa gero da dawa da wake a gona ɗaya rashin wayewa ne. Binciken ya nuna cewa manomin yana da hujja: haɗin yana ba shi amfani mai yawa a kan wahalarsa, kuma idan damina ta ci wani iri, wani ya tsira. Wannan bincike ya yi tasiri a kan yadda ake nazarin noman ƙananan manoma har a wasu ƙasashe. Sunan mai binciken ya shiga littattafai. Manoman da suka ba shi amsa kuwa sun koma lambobi a jadawali.

Bayan farin 1973, da kuma shirin bunƙasa fadama na shekarun 1990, jigo ya kau, injin ban ruwa da tiyo suka zo. Mutum ɗaya ya iya shayar da filin da a da sai gandu guda. Noman rani ya buɗe: tumatir da attarugu da tattasai da albasa, abin da muke kira kayan gwari. Manyan motoci suka riƙa lodin kwanduna zuwa Ikko da sauran biranen kudu. A 'yan shekarun nan har inabi ake nomawa a ƙasar Kudan, abin da kakana ya ce a da sai a labarin Aljanna yake jin sunansa.

Amma fa tsohuwar matsalar tana nan, riga kawai ta sake. Tumatir ba ya jira. Kowa ya shuka lokaci ɗaya, ya nuna lokaci ɗaya, kasuwa ta cika. Dillali ya buga waya kudu, ya juyo ya faɗi kuɗin kwando, manomi ba shi da zaɓi, domin in ya ƙi yau gobe ya ruɓe. Na ga shekarar da mahaifina ya bar tumatir a gona saboda kuɗin kwandon bai kai ladan masu tsinka da kuɗin mota ba. Abin da muka iya muka yanka muka shanya a ƙasa ya zama kauɗa. An kafa kamfanin sarrafa tumatir a Ikara tun farkon shekarun 1980 don maganin irin wannan asara, amma ya yi ta tsayawa yana tashi. Cikin 2016 kuma tsutsar nan da manoma suka laƙaba wa suna sharon ta cinye gonaki, har gwamnatin jiha ta ayyana dokar ta-ɓaci a kan tumatir. Jiya akawu da sikeli, yau dillali da waya. Mai yanka farashi dai har yanzu ba ɗan gari ba ne.

Daga Ƙauye Zuwa Hedikwata

Ta fuskar mulki garin ya yi ta sauya uwar ɗaki. Cikin 1967 muka shiga Jihar Arewa ta Tsakiya, wadda aka sake wa suna Kaduna cikin 1976. A wannan shekara aka yi gyaran ƙananan hukumomi, yankinmu ya faɗa ƙarƙashin Ikara, kuma a cikinta ne aka fara shirin ilmin firamare kyauta wanda ya kai makaranta ƙauyuka da dama. Cikin 1987 aka cire Katsina, Ɗanja da muke cin kasuwa tare ta koma wata jiha. Daga baya aka fitar da Makarfi daga Ikara, sa'an nan cikin 1996 aka fitar da Kudan daga Makarfi, aka sa hedikwata a Hunkuyi.

Wannan ya kawo sakatariya da ma'aikata da gidajen haya da shaguna, gari ya faɗaɗa ta bakin titi. 'Ya'yan yankin sun riƙe manyan muƙamai: Ahmed Muhammad Makarfi ya yi gwamnan jiha daga 1999 zuwa 2007, Sulaiman Usman Hunkuyi ya wakilci Kaduna ta Arewa a Majalisar Dattawa daga 2015 zuwa 2019. Mutanen da ba su taɓa taka garin ba sun san sunansa ta rediyo. Duk da haka, idan ka bar titi ka shiga lungu, agogon gari bai sauya ba: kiran salla, fita gona, dawowa, makarantar allo da dare.

Halin Mutanen Garin

Yanzu sai mu dubi irin mutumin da wannan tarihi ya haifa. Abu na farko, mutumin Hunkuyi bai san hutun rani ba. A wasu ƙasashe da an kai amfani gida sai zaman dandali ko tafiya cin rani. Mu kuwa ana gama girbin dawa ake sauka fadama, ana gama kwasar kayan lambu ake sharar gona. Har ma mu ne masu karɓar 'yan cin rani daga arewa, masu zuwa ƙodagon saran rake da ban ruwa. Saboda haka ba a ganin girman mai zaman banza, ko ɗan wane ne. Ni kaina idan na je hutu, kwana ɗaya ake yi mini na baƙunta, kashegari a miƙo mini fartanya.

Na biyu, garin bakin hanya ba ya ƙyamar baƙo. Hausawa da Fulani da Barebari sun cakuɗa ta aure, a karkarar yankin kuma akwai Maguzawa, waɗanda kowa ya san su da ƙarfin noma. Idan ka bi asalin gidaje sai ka ji wannan kakansa daga ƙasar Kano ya zo, wancan daga Katsina. Ko harshenmu ya nuna haka. Bakano yana jin maganata zai ce ga Bazazzagi, ya fara yi mini wasan da ke tsakaninmu. Ɗan birnin Zariya kuma ya ce bakina ya karkata arewa.

Na uku, akwai taka-tsantsan. Mutumin da aka daɗe ana auna masa kaya da sikelin da bai iya karantawa ba, ba ya saurin sakin jiki da mai takarda. Idan malamin gona ya kawo sabon iri, sai a gwada a kunya biyu a gefen gona a gani tukuna. Idan ɗan siyasa ya yi alkawari, a ce masa Allah ya ba da iko, a koma aiki. Waɗansu suna kiran wannan taurin kai. Ni ina ganin darasi ne da aka biya kuɗinsa da tsada.

Amma gaskiya ɗaya ce, sai an faɗi na huɗu. Muna da raina namu. Mun yarda cewa ilmi yana birni, sarauta tana birni, tarihi ma yana birni, mu namu noma. Taka-tsantsan ɗin nan kuma ya hana mu yarda da juna: manoma goma ba sa iya haɗa kai su ƙi sayar da kwando a kan farashin wulaƙanci, ko su sayi mota ɗaya tare. Gandu ya watse, gado yana ta yanka gonaki ƙanana-ƙanana, samari da yawa sun tafi acaɓa a birane. A 'yan shekarun nan kuma da 'yan bindiga suka addabi sassan Giwa da Birnin Gwari, na ji tsofaffi suna cewa ashe masu gina ganuwa ba wauta suka yi ba.

Kammalawa

A Ingila, ƙauyen da bai kai unguwa ɗaya ta Hunkuyi ba yakan iya nuna sunansa a kundin ƙidayar ƙasa da Sarki Wiliyam ya sa aka yi cikin 1086, da yawan garmunansa da gonakinsa. Ba don ƙauyukansu sun fi namu abin faɗa ba ne. Sun dai sami masu rubutawa da masu adanawa. Mu ma ba mu rasa madogara ba. Rahotannin haraji na gundumomin Lardin Zazzau suna ajiye a gidan adana takardun tarihi na ƙasa da ke Kaduna, ga kuma Gidan Arewa da aka kafa cikin 1970 don binciken tarihin wannan ƙasa. Sai dai takardun Bature abin da Bature ya so ya sani suka ƙunsa: mutum nawa, shanu nawa, sule nawa. Sauran yana bakin tsofaffi.

Hirar da na yi da kakana ta yini ɗaya ce. Da la'asar ta yi ya ce ya gaji, in dawo wani hutun zai faɗa mini unguwannin gari ɗaya bayan ɗaya, da gidan da ya fara zama a kowace, da inda marina take, da inda fatake ke sauka. Na ce to, na yi niyyar in zo da waya in ɗauki muryarsa. Ina tsakiyar jarrabawa aka aiko mini ya rasu. Shafi biyar ɗin da malam ya nema na cika su, har na ci maki mai kyau, amma na san abin da ke ciki bai kai rabin abin da aka binne ba.

Don haka nake kira ga 'yan'uwana 'yan wannan ƙungiya, musamman mu da muka fito daga ƙananan garuruwa. Hutu mai zuwa kowa ya nemi tsoho ɗaya da tsohuwa ɗaya a garinsu ya zauna da su. Ya tambayi sunayen unguwanni da ƙofofi da rijiyoyi da fadamu, da sana'ar kowane gida, da shekarun yunwa da na yalwa, da waƙoƙin daka da na gayya. Ya rubuta ranar da wurin da aka yi hirar, ya kawo a ajiye a sashe, malamanmu su duba su gyara mana. Kada mu ce sai mun gama digiri. Tsoho ba ya jiran kalandar jami'a. Hausawa sun ce da tsohuwar zuma ake magani, to amma sai an ɗebe ta tun tana cikin amya.

Abokina ɗan birni kuwa, na kai masa ƙullin mazarƙwaila da na dawo daga ta'aziyya. Ya karɓa ya yi mini gaisuwa, ya tambaye ni yadda ake yin ta. Na ce ya zauna, labarin yana da tsawo.

Allah ya jiƙan magabatanmu, ya sa albarka a gonakinmu, mu kuma ya ba mu ikon riƙe amanar da suka bar mana, amin.